Naman Sa Dahuwar Italiya: Wace Tukunya Ce Za Ta Fisshe Ki?

Duk wadda ta taɓa cin naman sa da aka dafa shi dunƙule guda cikin romon albasa da tumatir, har ya kai cokali kaɗai ke yanka shi, ta san abin da Italiyawa ke nufi da stracotto. Ma'anar kalmar ita ce abin da aka dafa har dahuwa ta wuce misali. A Tuskani da Lombardiya haka suke kiransa. A Fiyemonte kuwa, can arewa maso yammacin ƙasar, sunansa brasato, daga kalmarsu ta garwashi, saboda a da garwashi ake zubawa a ƙarƙashin tukunya da kuma kan murfinta, kamar dai yadda iyayenmu ke gasa kek kafin obin ya shigo gidaje. Abincin ranar Lahadi ne a wurinsu, ranar da 'ya'ya da jikoki ke taruwa. Akan zuba romon a kan taliya a fara ci, sannan a kawo naman a yayyanke tare da dankalin turawa ko polenta, wadda ba ta da maraba da tuwon masara mai ɗan ruwa-ruwa.

Kayan haɗin ba su da wuyar samu. Inda uwargida ke tsayawa tana jinjina lamarin shi ne wajen tukunya. Ta sayi ta ƙarfen nan mai nauyi da tsada? Ta ɗauko tukunyar firesha ta gama cikin awa guda? Ta jona ta lantarki ta tafi aiki? Ko ta rufa wa kanta asiri da wadda ke gida? Na dafa wannan nama a cikin kowacce, kuma ba ɗaya suke ba.

Me ake nema daga tukunyar?

Naman da ya dace da wannan girki mai jijiya ne, wanda idan aka gasa shi a gurguje sai haƙori ya gaji. Jijiyar nan ita ce dukiyar. Idan zafin cikin naman ya haura digiri 70 kuma ya daɗe a haka, sai ta fara narkewa ta zama wani abu mai danƙo irin na romon ƙafar sa, shi ke sa naman laushi, shi ke sa romon kauri. Amma tsokar kanta tana matsewa tana zubar da ruwanta gwargwadon tsananin zafi. Shi ya sa ake son ruwan tukunyar ya tsaya tsakanin digiri 85 zuwa 95, yana ɗan ɓul-ɓul jefi-jefi, ba yana zaɓalɓala ba. Wadda ta ƙure wuta don ta yi sauri za ta sauke nama mai zare-zare, busasshe, ko da kuwa yana iyo cikin romo.

Daga nan ma'aunaina biyar suka fito. Na farko kuɗi, na saye da kuma na gas ko gawayi ko wutar lantarki da za ta ci. Na biyu ƙarko. Na uku sauƙi: awa nawa, kuma sai an tsaya a kanta ko a'a. Na huɗu haɗari, ga jiki da kuma ga naman da aka kashe wa kuɗi. Na biyar, wanda ni na fi ba shi nauyi, shi ne abin da ke fitowa a faranti: shin tukunyar na iya soya bayan naman ya yi ja sosai kafin a zuba ruwa, tana riƙe zafi daidai, tana barin romo ya yi kauri?

Abu biyu kafin a zo kan tukunya

Na farko nama. Italiyawa sun fi son wani yanki na kafaɗa da suke kira cappello del prete, wato hular limamin coci, mai jijiya shimfiɗe a tsakiyarsa. Ki ce wa mahauci ya ba ki kafaɗa ko ƙirji, kilo ɗaya da rabi, dunƙule guda, kada ya sassara. Wannan zai ishi mutum shida, domin naman kan ragu da kusan kashi ɗaya bisa uku. Tozo ma ya yi, har ya fi, saboda kitsen da ya ratsa shi. Cinya ce ba na ba da shawara, jar tsoka ce zalla, bushewa take yi. Sannan a tuna shanunmu, Bunaji ne ko Bokolo ko Rahaji, kiwon daji ne, sun sha tafiya, kuma galibi sai sun manyanta ake yanka su. Duk lokacin da kika gani a rubuce a girkin Turawa, ki ƙara masa rabin awa zuwa awa guda.

Na biyu giya. Brasato na asali da giyar Barolo ake yin sa, har a jiƙa naman a ciki ya kwana. Akwai masu cewa ai wuta na kore ta. Ba ta kore ta duka. Gwajin da aka yi wa Ma'aikatar Noma ta Amurka ya nuna cewa bayan awa guda ana dahuwa kusan kashi 25 cikin ɗari na barasar na nan, bayan awa biyu da rabi ma akwai ragowar kashi 5. Don haka a gidan Musulmi ba a ma kawo zancenta. Abin da giyar ke bayarwa shi ne tsami da launi da ɗan ɗaci, kuma ana samunsu ta wata hanyar. Ni rabin kofi na zoɓo mara sukari nake zubawa cikin kofi biyu na romon ƙashi. Wadda ba ta son zoɓo ta sa kofi guda na ruwan inabi mara ƙarin sukari da cokali ɗaya na ruwan khal. Kuma stracotto irin na Yahudawan birnin Rum tumatir ne ƙashin bayansa, ga kuma genovese ta birnin Nafoli da tarin albasa ke zama romonta, nauyin albasar har yakan ninka na naman. Ba wai an kauce wa hanyar Italiyawa ba ne don an bar kwalba.

Sauran haɗin ɗaya ne ko da wace tukunya: a goge naman ya bushe, a shafa gishiri, a soya kowane gefe cikin mai har ya yi ja sosai. A cire shi, a zuba yankakkiyar albasa biyu, karas biyu, sandar seleri biyu, su yi laushi a ƙaramar wuta. Wannan haɗin ukun shi suke kira soffritto. Sai tafarnuwa, cokali biyu na tumatirin gwangwani, markaɗaɗɗen tumatir kamar giram 400, kanumfari biyu ko uku, masoro, ganyen rosmari idan akwai. A mayar da naman, a zuba ruwan romo ya kai rabin tsayinsa, kada ya rufe shi.

Tukunyar ƙarfe mai nauyi, mai shafen tangaran

Wannan ita ce wadda ake gani a hotuna, ja ko ruwan lemo. Kamfanin Le Creuset na Faransa tun 1925 yake ƙera ta a garin Fresnoy-le-Grand, Staub kuma ya fara a yankin Alsas a 1974. Mai cin lita biyar daga waɗannan biyun takan haura dala 300. Ta kamfanin Lodge na Amurka, wanda aka kafa a 1896, ba ta kai rabin haka ba, kuma akwai ƙirar Sin da Turkiyya da suka fi araha, ban da na gwanjo. Ko ma wacce ce, ita ce mafi tsada a jerin nan.

Abin da kuɗin ke saya shi ne nauyi. Tukunyar ba komai a ciki takan kai kilo biyar zuwa shida, kuma ƙarfe mai wannan kauri idan ya ɗauki zafi ba ya saki da wuri. Ki jefa nama mai sanyi a ciki, ba za ta huce ba, sai ki ji ƙauri mai daɗi ya tashi, bayan naman ya yi ja maimakon ya fara tsatsafo da ruwa. Ɗan ƙanzon da ke mannewa a gindinta, wanda ruwan romo zai narkar daga baya, nan rabin ɗanɗanon girkin yake. Murfinta kuma yana zama daram. A obin, kan digiri 150 zuwa 160, awa uku zuwa huɗu, ki juya naman sau biyu kawai. A kan gas sai a nemi ƙaramin kai a rage shi iya ragewa, a riƙa leƙawa duk rabin awa. A kan kurfoti ma tana yi, har ma nan ne ake komawa ga brasato na ainihi: garwashi kaɗan a ƙasa, a lulluɓe shi da toka, wani kaɗan a kan murfi. Sai dai a lura da maɗaukin murfin, idan na roba ne kada garwashi ya taɓa shi.

Shafen tangaran ɗin ke hana tsamin tumatir da zoɓo cin ƙarfen. Ta baƙin ƙarfe tsirara, mara shafe, idan ta yi awa uku da tumatir a ciki sai romon ya ɗauko ɗanɗanon ƙarfe ya yi duhu. Wajen ƙarko, ana gadon ta, muddin ba a yar da ita a ƙasa ba, ba a bar ta kan wuta babu komai a ciki ba, ba a kuma zuba mata ruwan sanyi tana da zafi ba. Waɗannan uku ke fasa shafen. Masu arahar sun fi saurin ɓantarewa a baki. Haɗarinta shi ne nauyin nan nata: cike da romo mai zafi ta doshi kilo tara, ba abin da za a ba yarinya ta sauke ba ne.

A faranti ba ta da na biyu. Romon kan ragu a hankali ya yi kauri da kansa, saman naman da ke waje da ruwa ya ƙara yin ja, kuma yana yankuwa fale-fale ba tare da ya wargaje ba.

Tukunyar firesha

Dabarar tsohuwa ce, Denis Papin ɗan Faransa ya nuna ta tun 1679. Idan aka kulle tururi ya rasa hanyar fita, ruwa ba ya tafasa a digiri 100, sai ya haura. Ta kan gas takan kai wajen digiri 120, ta lantarki irin Instant Pot kuma ta ɗan gaza haka. A wannan zafi jijiyar da ke buƙatar awa uku da rabi takan narke cikin minti 60 zuwa 90. Ga wadda ke auna gas ɗinta da ranakun wata, wannan ba ƙaramin abu ba ne, domin da zarar ta fara huci ana rage wutar ne can ƙasa.

Kuɗinta matsakaici ne. Ƙirar Indiya irin su Prestige da Hawkins sun yaɗu kuma ba su da tsada, ta lantarkin takan kai kusan dala 100 kuma tana jan wuta wajen wat 1000 lokacin da take ɗaukar zafi. Jikin ta kan gas yana shekaru, amma robar murfin tana saki, ana canza ta duk shekara ɗaya ko biyu. Kafin ki saya ki tambayi mai shago ko yana da robar da kan hucin na canji. Tukunyar firesha da aka rasa robarta ta koma tukunya kawai.

Sai dai dole a faɗi gaskiya, wannan ba dahuwar a hankali ba ce, kwaikwayonta ne, kuma sai an taimaka mata. Tunda ruwa ba ya fita, ki rage romon da rabi, amma kada ya gaza kofi ɗaya. Ki raba naman gida biyu ko uku don zafi ya ratsa. Tumatirin gwangwani ki ɗora shi a saman naman, idan ya kwanta a gindi kamawa yake yi. Idan lokaci ya cika ki kashe wuta ki ƙyale ta ta huce da kanta minti 15 zuwa 20. Wannan shi ne inda mutane da yawa ke ɓata girkinsu. Idan aka saki tururin farat ɗaya, ruwan da ke cikin naman kansa tafasa yake yi da ƙarfi ya fice, sai a buɗe a tarar da nama ya yi laushi amma ya bushe. Bayan an buɗe a tsame naman, a bar romon a wuta babu murfi minti goma zuwa sha biyar ya yi kauri. Wadda ta bi waɗannan matakai za ta samu abin da ya kusa kamo na tukunyar ƙarfe, baƙi da yawa ba za su bambance ba. Ni dai ina jin bambancin a romo, bai kai wancan zurfi ba.

Haɗarinta sananne ne, shi ya sa wasu matan ke tsoronta. Kada a cika ta fiye da kashi biyu bisa uku. A ɗaga murfin a hango haske ta ramin hucin kafin a rufe, don a tabbatar bai toshe ba. Kada a taɓa tilasta murfi ya buɗe. Akwai kuma haɗari ga naman: ba a iya leƙawa, minti goma na ƙari na iya mayar da shi dambu.

Tukunyar lantarki mai jan lokaci

Ita ce aka fi sani da Crock-Pot, sunan da kamfanin Rival na Amurka ya fito da ita da shi a 1971, lokacin da matan can ke fita aiki da yawa. Kasko ne na tangaran zaune cikin gida na ƙarfe mai ɗumama shi a hankali. Tana da araha, ƙasa da ta firesha ta lantarki, kuma wutar da take ja ba ta wuce wat 200 zuwa 300 ba. Ko ta yi awa takwas, abin da ta ci bai fi yunit biyu ba ko ɗan sama da haka. A zuba da safe, a dawo da yamma, babu juyawa babu leƙawa. Leƙawar ma ɓata mata aiki take yi, domin duk buɗe murfi zafi ne ya tafi wanda za ta daɗe ba ta mayar ba.

Ba ta soya nama. Sai an soya shi da soffritto a wani kaskon daban, a zuba romo a kankare ƙanzon, a juye duka a ciki. Wadda ta tsallake wannan ta zuba komai ɗanye, farfesu za ta samu, ba stracotto ba. Romonta kuma tsararo yake fitowa, sai an sake ɗora shi a wuta. Naman kan yi laushi ƙwarai, har ya fi dacewa da a yayyage shi a kan taliya fiye da a yanka.

Babbar matsalarta ita ce ta dogara kacokan ga wutar da ba ta yankewa awa takwas zuwa goma. Na taɓa jona ta da safe na fita, aka ɗauke wuta ban san ƙarfe nawa ba, na dawo na tarar da tukunya ɗumi-ɗumi, nama rabin dahuwa. Zubar da shi na yi, raina na ƙuna, saboda tsakanin digiri 5 zuwa 60 nan ne ƙwayoyin cuta ke hayayyafa, kuma naman da ya haura awa biyu a wannan yanayi ba abin da za a ba yara ba ne. Wasu ƙwayoyin suna barin guba da sake tafasawa ba ya kashewa. Idan kina gida aka ɗauke, ki juye shi nan take a wata tukunyar ki ƙarasa a gas. Kada kuma a sa nama mai ƙanƙara a cikinta, sai ya saki tukuna. Mai sola da batir mai ƙarfi, ko mazauniyar ƙasar da wuta ba ta wasa, ita wannan tukunya ta yi wa rana. A duba kuma, wadda aka yo tsarabarta daga Amurka ta wuta mai ƙarfin volt 120 ce, tamu kuwa 220 zuwa 240, idan aka jona ta kai tsaye ƙonewa za ta yi.

Tukunyar ƙasa

Kada a raina ta. Italiyawa kansu a tukunyar yumɓu suka gaji wannan girki. A garin Impruneta da ke kusa da Fulorens, masu gasa tubali da tukwane sukan cusa tukunyar nama da masoro a bakin tanderunsu ta yini tana dahuwa, abin da ake kira peposo ke nan har yau. Yumɓu yana ɗaukar zafi a hankali ya kuma sake shi a hankali, daidai abin da jijiya ke so, kuma tsami ba ya cin sa. A kan gawayi awa huɗu ne ko fiye. Kuɗinta bai taka kara ya karya ba.

Aibinta uku ne. Tana fashewa, musamman idan aka ɗora ta kan wuta mai ƙarfi farat ɗaya ko aka sauke ta kan siminti mai sanyi. Ba ta soya nama da kyau, sai an yi a kasko. Murfinta kuma ba ya kamawa, sai a liƙe bakin da kwaɓaɓɓiyar fulawa ko a shimfiɗa takardar alminiyam kafin a rufe. Sabuwa a jiƙa ta ta kwana, a fara tafasa ruwa a ciki kafin a ba ta nama. Mai ƙyallin fenti a ciki wadda ba a san inda aka yi ta ba a bar ta, wasu irin wannan shafen akwai dalma a cikinsu. Gawayi kuma a waje ake hura shi. Awa huɗu na garwashi a rufaffen ɗaki na iya kashe mutum ba tare da ya ji warin komai ba.

Wadda ke gida: alminiyam ko sitenles

Kusan kowane gida akwai tukunyar alminiyam mai kauri ƙirar maƙeran gida, kuma ta fuskar zafi ba ta da laifi, tana soya nama, tana jure itace da gawayi, ba ta mutuwa. Amma a wannan girkin musamman ina da ja a kanta. Da yawa daga tarkace ake narka su, gwangwanaye da sassan injin mota. Wani bincike da aka wallafa a 2014 kan irin waɗannan tukwane a Kamaru ya gano dalma na fita daga jikinsu idan aka tafasa ruwa mai tsami a ciki. Stracotto kuwa tumatir ne da zoɓo na tsawon awa uku zuwa huɗu, wato tsami da zafi da daɗewa duk sun haɗu. Gubar dalma yara ta fi yi wa illa, a ƙwaƙwalwa. Ko alminiyam ɗin kamfani ne mai tsabta, tsami na dusashe shi ya ba romo ɗanɗanon ƙarfe.

Sitenles ba shi da wannan matsala. Idan gindinsa mai kauri ne, mai hawa biyu ko uku, zai yi aikin da kyau a kan kuɗi kaɗan. Mai siririn gindi kamawa yake yi a tsakiya. Maganinsa a sa faifan ƙarfe ko tsohon kaskon tuya tsakanin wuta da tukunyar, a shimfiɗa takardar alminiyam a ƙarƙashin murfi, a riƙa dubawa duk minti ashirin ana ƙara romo kaɗan-kaɗan.

| Tukunya | Kuɗi | Lokaci | Ƙarko | Babban haɗari | A faranti |
|---|---|---|---|---|---|
| Ƙarfe mai shafen tangaran | Mai tsada | Awa 3 zuwa 4 | Ana gadon ta | Nauyi, ɓantarewar shafe | Mafi kyau |
| Firesha | Matsakaici | Minti 60 zuwa 90, da hucewa | Shekaru, ana canza roba | Tururi, wuce dahuwa | Kusa da na farko |
| Lantarki mai jan lokaci | Araha | Awa 8 zuwa 10 | Matsakaici | Ɗauke wuta | Laushi sosai, romo tsararo |
| Ƙasa | Mafi araha | Awa 4 ko fiye | Tana fashewa | Fashewa, hayaƙin gawayi | Mai kyau ƙwarai |
| Sitenles mai kaurin gindi | Araha zuwa matsakaici | Awa 3 zuwa 4 | Shekaru masu yawa | Kamawa a gindi | Mai kyau |
| Alminiyam ƙirar gida | Araha | Awa 3 zuwa 4 | Ba ta mutuwa | Dalma idan da tsami | Ɗanɗanon ƙarfe |

Wacce ta dace da wa

Idan girkin nan sau ɗaya ko biyu za ki yi shi a shekara, da Sallah ko ranar da surukai za su zo, kada ki sayi komai. Ɗauko sitenles ɗinki mafi kaurin gindi, ki sa faifan ƙarfe a ƙasa, ki ware wa abin yammaci guda. Kuɗin tukunyar ki ƙara a kan nama, ki sayi tozo.

Idan kina yawan irin wannan dahuwa, farfesun ƙafa, wutsiyar sa, naman kai, kuma akwai hali, tukunyar ƙarfe mai shafe ta cancanci kuɗinta. Ba sai ta Faransa ba. Ki ɗaga ta ki ji nauyi, ki shafa cikinta ki tabbatar babu tsaga, ki girgiza murfin ki ga ko yana zama. Mai lita biyar zuwa shida ta ishi gida mai mutum shida zuwa takwas, mai siffar ƙwai kuma ta fi karɓar dogon yanki na kafaɗa.

Ma'aikaciya da ke dawowa bayan la'asar tana son a ci kafin isha, ko wadda gas ke yi wa tsada, firesha ce tata, ta kan gas ba ta lantarki ba idan wutar unguwar ba tabbas. Ta lantarki mai jan lokaci na bar wa masu sola da 'yan'uwanmu mazauna Turai da Amurka da ƙasashen Larabawa. Mai tsakar gida da kurfoti da haƙurin zama kusa da wuta, ta gwada tukunyar ƙasa ko sau ɗaya ne, za ta ji ƙamshin da sauran ba sa bayarwa. Idan kuma ta alminiyam ce kaɗai a hannu, a soya naman a cikinta, amma doguwar dahuwar da tumatir a aro wata tukunyar a yi ta a ciki.

Ko da wacce kika dafa, idan baƙin na gobe ne ki yi girkin yau. Ki bar naman ya huce cikin romonsa, ki sa a firji kafin awa biyu ta cika. Da safe kitsen ya daskare a sama sai ki kwashe, naman kuma yana da sanyi ya fi yankuwa, ki gitta wuƙar a kan zaren tsokar, kaurin yatsa. Ki markaɗa romon da kayan lambun da ke ciki ko ki tace, ki jera yankan a ciki, ki ɗumama a ƙaramar wuta minti ashirin kafin a zauna.